Baƙin akwati da koren akwati: abin da na gani a zaɓen 'yan majalisar tarayya a Kano

Tun a watannin ƙarshe na shekarar 2022 na nemi aikin wucin gadi ta shafin intanet na Hukumar Zaɓe ta Ƙasa, INEC, a lokacin ban daɗe da gama yi wa ƙasa hidima ba, ina koyarwa a wata makaranta a cikin birnin Kano. Da Fabrairu ta kama sai sunana ya fito cikin waɗanda za su yi aiki a Ƙaramar Hukumar Dala, a matsayin mataimaki na ɗaya ga shugaban rumfa, wato wanda zai riƙe na'urar BVAS ya tantance duk wanda ya zo jefa ƙuri'a. Abin da zan faɗa a nan shi ne abin da idona ya gane mini a rumfa ɗaya tak daga cikin rumfuna 11,222 da ke jihar Kano, sai kuma abin da ya bayyana bayan an haɗa sakamakon jihar gaba ɗaya. Na tsaya a kan zaɓen 'yan majalisa ne da gangan, domin a ranar Asabar 25 ga Fabrairu 2023 hankalin kowa yana kan akwatin shugaban ƙasa, alhali akwatuna biyun da ke gefensa, na Majalisar Dattawa da na Majalisar Wakilai, su ne suka sauya waɗanda ke magana da yawun Kano a Abuja, kuma mutane da yawa sun zuba ƙuri'unsu a cikinsu ba tare da sanin sunan wanda suka zaɓa ba.

An ba mu horo na 'yan kwanaki a ajujuwan wata makarantar gwamnati. Mafi yawan lokacin ya tafi ne a kan na'urar, domin sabuwar Dokar Zaɓe ta 2022, wadda Shugaba Muhammadu Buhari ya sa wa hannu ranar 25 ga Fabrairu 2022, shekara guda daidai kafin zaɓen, ta sa tantancewa da na'ura ya zama dole. A zaɓukan baya, idan na'ura ta ƙi karɓar yatsan mutum akan cike masa wata takarda a bar shi ya yi zaɓe, kuma ta wannan ƙofa ce ɓarna mai yawa ta riƙa shigowa. A wannan karon an rufe ƙofar: ko dai na'ura ta gane yatsanka, ko ta gane fuskarka, ko kuma ka koma gida. Abu na biyu da mai horar da mu ya yi ta nanatawa shi ne aringizon ƙuri'u, domin yanzu ana auna yawan ƙuri'un da ke cikin akwati ne da yawan mutanen da na'ura ta tantance, kuma idan ƙuri'u suka zarce ko da guda ɗaya ce, sakamakon rumfar ya rushe. A nan na gane cewa ƙaramar na'urar da za a rataya mini a wuya ita ce ma'aunin da za a ɗora aikin rumfar duka a kai. An kuma koya mana takardun sakamako: EC8A ta shugaban ƙasa, EC8A(I) ta sanata, EC8A(II) ta ɗan majalisar wakilai, kowace da gurbin da za a rubuta adadi da lamba da kuma kalmomi.

Ranar Juma'a da yamma muka hallara a cibiyar mazaɓarmu, wata firamare ce, inda ma'aikatan dukkan rumfunan mazaɓar suke kwana tare da kayan zaɓe domin a samu fita da sassafe. Duk wanda ya zauna a Najeriya a wannan wata ya san halin da ake ciki. Babban Bankin Najeriya ya sauya fasalin takardun naira 200 da 500 da 1,000, tsofaffin sun daina karɓuwa a wurare da yawa, sababbin kuma ba sa samuwa, ga wahalar man fetur a kai. Na bar gida da abin da bai fi kuɗin shayi da burodi ba a aljihuna, kuma akwai waɗanda suka zo a ƙafa daga unguwanni masu nisa saboda mai A Daidaita Sahu ba ya karɓar taransifa. Muka shimfiɗa tabarmi a ajujuwa, wasu suka haɗa bencina suka kwanta a kai, sanyin ƙarshen hunturu yana shigowa ta tagogi. Barci kaɗan aka yi, domin tun cikin dare aka fara rarraba kaya ana ƙirgawa, kowace tawaga tana sa hannu a kan abin da ta karɓa: kundin rajistar masu zaɓe, ƙullin takardun ƙuri'a iri uku, hatimi da tawada, shingen sirri da ake dangwale a bayansa, sai akwatuna uku masu haske da ake ganin cikinsu. Mai jan murfi na shugaban ƙasa ne, mai baƙin murfi na sanata, mai koren murfi na ɗan majalisar wakilai.

Shugabar rumfarmu 'yar bautar ƙasa ce daga kudancin ƙasar nan, mace mai natsuwa wadda Hausarta ba ta wuce gaisuwa ba, don haka fassara ma ta zama wani ɓangare na aikina. Ka'ida ita ce a buɗe rumfa da ƙarfe 8:30 na safe a rufe layi da 2:30 na rana, duk wanda ke kan layi a lokacin kuma sai ya jefa ƙuri'arsa. Mun ɗan makara kafin mu isa, muka tarar da jama'a sun riga sun ja layi biyu, na maza da na mata, a jikin katangar wani gida da ke bakin lungu, masu unguwa sun kawo mana tebura biyu da benci. Shugabar ta ɗaga akwatunan ɗaya bayan ɗaya ta kife su kowa ya ga babu komai a ciki, ta kulle su, ni kuma na nuna wa ejan-ejan na jam'iyyu fuskar na'urar suka ga adadin waɗanda aka tantance sifili ne. Ejan na NNPP da jar hularsa, da na APC, da na PDP, su ne suka tsaya tare da mu daga farko har ƙarshe. 'Yan unguwa ɗaya ne, sun san juna tun suna yara, amma kowa idonsa na kan hannun ɗan'uwansa.

Tantancewar ta fi tafiya daidai da fuska fiye da yatsa. Mata da yawa sun zo da lalle a hannu, tsofaffi kuma da masu aikin ƙarfi zanen yatsunsu ya shafe, sai na riƙa komawa ga hoton fuska, wanda yakan karɓa cikin ɗan lokaci idan haske ya daidaita. Matan da suka zo da niƙabi mun ware musu gefe ɗaya a cikin soron gidan, mataimakiya ta uku tana tsaye tare da su, su ɗage a ɗauki hoton su mayar, kuma babu wadda ta yi gardama. Wanda na tantance sai ya wuce wurin mataimaki na biyu a nemo sunansa a kundi a shafa masa tawada a gindin farce, daga nan shugabar ta buga hatimi a bayan takardu uku, ta sa hannu da kwanan wata, ta miƙa masa. Mutum biyu ko uku ne na'ura ta ƙi su ta kowace hanya, kuma mayar da su gida bai yi mini daɗi ba ko kaɗan, musamman wata dattijuwa da ta ce tun bayan sallar asuba take wurin. Na ba ta haƙuri iya iyawata. Ta ce, "Ba komai ɗan nan, ba laifinka ba ne," ta juya ta tafi, har yau ina tuna tafiyarta.

Abin da ya sa na rubuta wannan bayani ya faru ne da hantsi. Wani dattijo da muka shigar gaban layi saboda shekarunsa ya karɓi takardunsa uku ya tsaya yana jujjuya su, sannan ya dawo wurina ya ce, "Ɗana, ni fa mutum ɗaya na zo zaɓa, waɗannan biyun kuma na mene ne?" Na ce, "Baba, wannan ta shugaban ƙasa ce, wannan ta sanatan Kano ta Tsakiya, wannan kuma ta ɗan majalisar wakilai na Dala. Kowace za ka dangwala wa jam'iyyar da kake so, ka naɗe, ka saka a akwatinta." Ya ce, "To wa ke neman sanatan a kayan marmari?" Na ce, "Baba, ka yi haƙuri, aikina bai ba ni damar ambaton ɗan takara ba." Ya dube ni kamar wanda aka hana shi haƙƙinsa, ya shiga bayan shinge, ya fito ya jefa takardunsa.

Gaskiya ce na faɗa masa, domin ma'aikacin zaɓe ba ya nuna alama, ba ya kiran suna. Amma ko da an ba ni dama, tambayarsa ba ta da amsa mai sauƙi a wannan rana. Takardar ƙuri'a a Najeriya ba ta ɗauke da suna ko hoton ɗan takara, alamar jam'iyya ce kawai da taƙaitaccen sunanta: tsintsiya ta APC, lema ta PDP, kwandon kayan marmari wanda shi ne alamar NNPP a 2023, da sauransu cikin jam'iyyu 18 da ke da rajista a lokacin. A Kano ta Tsakiya kuwa, sunan da ke cikin jerin hukumar zaɓe a ƙarƙashin NNPP shi ne na Malam Ibrahim Shekarau, tsohon gwamna kuma sanata mai ci a lokacin, wanda ya shiga jam'iyyar a watan Mayu 2022 ya fice a watan Agusta ya koma PDP, yana yi wa Atiku Abubakar yaƙin neman zaɓe. Jam'iyyar ta tsayar da Rufa'i Sani Hanga a madadinsa, magana ta je kotu, kuma har ranar zaɓe ba a kai ƙarshenta ba. Ke nan duk wanda ya dangwala wa kwandon a takardar sanata, a ransa yana iya nufin Hanga, a takardun hukuma kuma Shekarau ya zaɓa. Da yawa ma ba su nufi kowa ba, kwandon suka nufa, domin saƙon da ya zagaya unguwanni shi ne a yi kayan marmari daga sama har ƙasa. Wannan salo ba baƙo ba ne a Kano. Shi ne "sak" ɗin da aka yi wa Buhari a 2015 da 2019, lokacin da ya samu ƙuri'u 1,903,999 da kuma 1,464,768 a jihar, kuma a 2019 APC ta kwashe kujerun sanata ukun duka a inuwarsa.

Bayan sallar azahar layin ya yi sauƙi, kafin la'asar kuma mun sallami na ƙarshe. Waɗanda suka fito ba su kai rabin sunayen da ke cikin kundinmu ba, kuma daga baya na ga cewa haka abin yake a faɗin jihar: a wannan zaɓe Kano tana da masu rajista 5,921,370, amma ƙuri'un da aka jefa ba su kai kashi ɗaya cikin uku na wannan adadi ba. Ni kaina ban yi zaɓe ba, domin rumfar da nake da rajista tana wata ƙaramar hukuma, kuma haka yawancin ma'aikatan wucin gadi suke rasa ƙuri'arsu. Shugabar ta soke takardun da ba a yi amfani da su ba ta hanyar ja musu layi, muka buɗe akwatunan, muka fara tsince ƙuri'un da suka faɗa akwatin da ba nasu ba muna mayar da kowace wurinta kamar yadda aka koya mana. Irin waɗannan sun fi yawa tsakanin baƙi da kore.

Jama'a ba su watse ba. Tsohon kiran nan na "a kasa, a tsare, a raka" ya zauna a zukatan Kanawa, don haka aka kewaye teburin, yara a kan katanga, mata daga bakin ƙofofi. Da aka fara ƙirga ta shugaban ƙasa, shugabar tana ɗaga kowace takarda sama, jama'a suna ƙirgawa tare da ita da murya ɗaya, har lungun yana amsawa. Da aka gama aka faɗi adadi sai sowa ta tashi, matasa suka ruga da gudu suna kai labari. Lokacin da muka juye baƙin akwati, waɗanda suka rage a wurin ba su kai rabin na farko ba, da muka zo kan kore kuwa daga mu sai ejan-ejan, da ɗan sanda, da wasu dattawa kaɗan da ke jiran kiran magariba. Wannan ya tsaya mini a rai ƙwarai, domin mutumin da sunansa zai fito daga koren akwatin shi ne zai zauna a kan kasafin kuɗin ƙasa, shi ne mafi kusa da wannan lungu a duk cikin ukun, amma shi ne aka bari aka ƙirga ƙuri'arsa a gaban mutum bai fi ashirin ba.

A rumfarmu kwandon ne ya yi rinjaye a akwatunan uku, da tazara mai faɗi. Sai dai adadin bai zo daidai ba: ƙuri'un NNPP a jan akwati sun fi na baƙi da kore, na APC kuma sun ɗan ƙaru a waɗannan biyun. Akwai waɗanda suka yi abin da Kanawa ke kira wake da shinkafa, wato su ba Kwankwaso, ɗan takarar shugaban ƙasa na NNPP, ta sama, su ba wani ɗan takarar da suka sani ta ƙasa. Lalatattun ƙuri'u ma sun fi yawa a takardun majalisa, wasu an dangwala wuri biyu, wasu an jefa su babu dangwale ko ɗaya. An ɗan yi ja-in-ja a kan takardu biyu da tawada ta taɓa layin da ke raba alamu, shugabar ta nuna wa kowane ejan, ta yanke hukunci, suka amince. Na karanto adadin da na'ura ta tantance, aka gwada da jimillar kowane akwati, babu wanda ya zarce. Aka cike takardun, ejan-ejan suka sa hannu kowa ya karɓi kwafinsa, aka ba ɗan sanda nasa, muka liƙa babbar takardar sakamako a jikin katanga. Shugabar ta ɗauki hoton takardun da na'urar domin aikawa shafin IReV, inda kowa zai iya gani. Na sanata da na wakilai sun tafi. Tangarɗar da aka samu a faɗin ƙasa wajen ɗora na shugaban ƙasa sananniya ce, hukumar da kanta ta yi bayaninta daga baya, kuma ita ta mamaye muhawara da shari'o'in da suka biyo baya.

Daga nan muka ɗauki kaya zuwa cibiyar tattara sakamako ta mazaɓa, wasu matasa suna biye da motar a ƙafa. A can ne aikin ya fi cin lokaci, domin jami'in tattarawa, wanda malamin jami'a ne, sai ya karɓi rumfa ɗaya bayan ɗaya, ya duba na'urar kowace ya gwada da takardarta, sannan ya kwafe adadin a EC8B, takardar sakamakon mazaɓa, kuma sau uku zai yi haka ga kowace rumfa. Aka yi ta jira a hasken janareta da fitilun waya. Dare ya raba kafin a karɓi namu, na miƙa na'urar, na sa hannu, na kwanta a ajin da na kwana jiya har gari ya waye. Daga mazaɓa sakamako yake hawa zuwa ƙaramar hukuma, daga can na wakilai ya tafi wurin baturen zaɓen mazaɓar tarayya, na sanata ya tafi cibiyar shiyya. Dala ita kaɗai ce mazaɓar tarayya guda, saboda haka nata bai jira wata ƙaramar hukuma ba, aka bayyana Aliyu Sani Madakin Gini na NNPP a matsayin wanda ya yi nasara.

Sauran labarin a rediyo na bi shi, kamar kowane Bakano, a ranakun Lahadi da Litinin. A zaɓen shugaban ƙasa Rabi'u Musa Kwankwaso ya samu ƙuri'u 997,279 a Kano, Bola Tinubu 517,341, Atiku Abubakar 131,716, Peter Obi 28,513. Kano ce kaɗai jihar da Kwankwaso ya ci, don haka wannan rinjaye bai kai shi ko'ina ba a lissafin ƙasa. Amma guguwar da ta tashi saboda shi ta yi aiki sosai a sauran akwatunan. A Kano ta Kudu, Kawu Sumaila na NNPP ya samu 319,857 ya kayar da Kabiru Gaya na APC mai 192,518, tsohon gwamna wanda ya kasance a majalisar dattawa tun 2007 har zuwa wannan zaɓe. A Kano ta Tsakiya kwandon ya samu 456,787, Abdulkarim Abdussalam Zaura na APC ya samu 168,677, baturen zaɓe ya bayyana Shekarau saboda sunansa ne a takarda. Kano ta Arewa ce ta tsaya daban, inda Barau Jibrin na APC ya riƙe kujerarsa da 234,652 a kan Abdullahi Baffa Bichi na NNPP mai 177,014.

Na zauna da biro na haɗa waɗannan lambobi, domin ina son in ga ko abin da na gani a rumfarmu ya faru a jihar. Jimillar ƙuri'un NNPP a kujerun sanata uku ta kama 953,658, wato ta gaza ta Kwankwaso da fiye da dubu 43. Jimillar ta APC kuwa ta kama 595,847, ta zarce ta Tinubu da fiye da dubu 78. Ashe masu wake da shinkafa ba su da yawa idan aka kwatanta da masu sak, amma suna nan, kuma inda suka taru sun juya sakamako. A fahimtata, Kano ta Arewa ta nuna cewa guguwa tana da iyaka a wurin da ɗan takara ya kafu da kansa, mutane suka san sunansa da ayyukansa ba sai an nuna musu alama ba.

Zaɓen majalisar wakilai ya ƙara fito da wannan fili. Kano tana da kujeru 24 daga cikin 360, daidai da Legas, babu jihar da ta fi su. Bayan an kammala komai NNPP ta tashi da 18, APC ta tashi da 6, PDP ba ta samu ko ɗaya ba. Biyar daga cikin shidan APC duk a shiyyar Barau suke: Bichi, da Dambatta da Makoɗa, da Tsanyawa da Kunchi, da Gwarzo da Kabo, da Shanono da Ɓagwai. Duk da haka, a cikin wannan shiyya ce mazaɓar Dawakin Tofa da Tofa da Rimin Gado, mahaifar gwamna na lokacin Abdullahi Umar Ganduje, ta faɗa hannun Tijjani Abdulƙadir Joɓe na NNPP, wanda ya kayar da ɗan gwamnan. Abdulmumin Jibrin Kofa ya dawo da kujerar Ƙiru da Bebeji, Kabiru Alhassan Rurum ya riƙe Rano da Bunkure da Kibiya, dukansu a ƙarƙashin kwandon, kuma dukansu mutane ne da suka taɓa cin zaɓe a ƙarƙashin tsintsiya. Wannan shi ne ɓangaren da nake ganin ya kamata mai nazari ya lura da shi: jam'iyyar sabuwa ce a idon masu zaɓe, amma da yawa daga cikin waɗanda ta ɗauko tsofaffin hannu ne da suka sauya sheƙa bayan rikicin cikin gida na APC a jihar.

Kujera ta shida ta APC ita ce ta Doguwa da Tudun Wada, kuma a kanta ne aka zubar da jini. Mu a Dala mun tashi lafiya, amma a Tudun Wada rikici ya ɓarke lokacin tattara sakamako, aka ƙona ofishin jam'iyyar NNPP, aka rasa rayuka. An fara bayyana Alhassan Ado Doguwa, shugaban masu rinjaye na Majalisar Wakilai a lokacin, sannan hukumar zaɓe ta cire sunansa daga jerin waɗanda suka yi nasara bisa dalilin cewa an yi sanarwar ne cikin tursasawa. Sai ranar 15 ga Afrilu aka ƙarasa zaɓen a rumfunan da aka soke, ya yi nasara, a ranar ce kuma aka ƙarasa na Fagge, wanda NNPP ta ci. Duk lokacin da na tuna daren da na kwana a cibiyar tattara sakamako, sai in tuna cewa a wannan dare akwai ma'aikata irina a kudancin jihar da suke cikin fargabar ransu, riƙe da irin takardun da nake riƙe da su. Kotunan zaɓe sun taɓa wasu kujerun daga baya, kamar Tarauni da kuma Kura da Madobi da Garun Malam, inda kotun farko ta soke nasarar 'yan NNPP, Kotun Ɗaukaka Ƙara ta mayar musu.

Da aka rantsar da majalisa ta goma ranar 13 ga Yuni 2023, sanatocin NNPP biyu ne kacal a cikin 109, kuma dukansu daga Kano suke, haka ma kusan duk 'yan majalisar wakilanta. Barau Jibrin, wanda shi kaɗai ya tsira daga guguwar a cikin sanatocin APC na jihar, shi ne ya zama mataimakin shugaban Majalisar Dattawa. Wanda ya fito daga koren akwatinmu, Madakin Gini, ya zama mataimakin shugaban marasa rinjaye a Majalisar Wakilai.

Kujerar Kano ta Tsakiya kuwa Kotun Ƙoli ce ta raba gardamarta ranar 10 ga Maris, ta tabbatar da Rufa'i Sani Hanga a matsayin halastaccen ɗan takarar NNPP, ƙuri'u 456,787 ɗin suka koma kansa, aka ba shi takardar shaidar cin zaɓe. Mako guda bayan haka, ranar 18 ga Maris, aka mayar da mu wannan rumfar domin zaɓen gwamna da na majalisar jiha, wanda aka ɗage daga 11 ga watan don a sake saita na'urori. Dattijon nan ya sake zuwa da sandarsa, muka shigar da shi gaban layi. Ya gane ni, muka gaisa, ya tambayi gida da aiki, sannan ya ce, "Ɗana, yanzu dai an gama wancan, za ka iya faɗa mini wanda na zaɓa a sanata?" Na ce, "Baba, kotu ta ce Rufa'i Hanga ne sanatan Kano ta Tsakiya." Ya maimaita sunan sau biyu a hankali, ya ce, "Allah ya ba shi ikon riƙe amana." Sannan ya laluba aljihun rigarsa ya ciro katinsa ya miƙo mini, ya gyara tsayuwa domin in ɗauki hoton fuskarsa.